Robar da Kafireto Ke Zaune a Kai: Yadda Ake Gane Ta Mutu, da Yadda Ake Canza Ta

A duk garejin da ake gyaran Golf, daga Ƙofar Ruwa a Kano zuwa Panteka a Kaduna, akwai ƙorafin da ba a yin mako ba a ji shi ba. Direba zai faka, ya fito yana sharce gumi ya ce, "Oga, motar nan ta ƙi silo. Da na ɗaga ƙafa daga totur sai ta mutu, ga shan mai ba kama hannun yaro." Tun kafin ya rufe baki, yaron gareji ya ɗauko sukudireba ya nufi kafireto. A kwance shi, a wanke, a hura jet, a buɗe sukurun mai, a ƙara silo. Mota ta tashi tana gurnani, direba ya biya ya kama hanya. Ba a rufa mako ba sai ga shi ya dawo da ciwon da ya kawo shi, har da ƙari.

An bar jaki ne ana dukan taiki. A Golf 2 da danginta, sau da yawa kafireton lafiyarsa ƙalau. Abin da ya lalace yana ƙarƙashinsa: wata baƙar roba mai faɗin tafin hannu, wadda ta raba shi da manifol. Da ta tsage, iskar da ba a auna ba sai ta riƙa kutsawa cikin inji, kuma duk wankin duniya ba zai toshe wannan ƙofa ba. Yawan ganin masu koyon sana'a suna faɗawa wannan rami, suna jawo wa direba asara, suna zubar wa gareji mutunci, shi ya sa aka tsara wannan jagora.

Dalilin sa roba a wurin

Kamfanin Volkswagen ya ƙera Golf 2 daga 1983 zuwa 1992, ke nan ko autar cikinsu ta haura shekara 30. Duk da haka ita da ƙanwarta Golf 3 suna nan suna jigilar mutane da buhuna a hanyoyin Arewa. Injinan Golf 2 na 1.6 da 1.8 galibi sun zo da kafireton Pierburg samfurin 2E2, na wani kamfanin Jamus da ke birnin Neuss, kuma irin wannan tsari yana cikin Jetta da Passat da Audi 80 na wancan zamani. Ita ma Golf 3 mai inji 1.8 da injekta guda ɗaya a tsakiya, kan irin wannan roba aka ɗora injektar, don haka yawancin abin da za a faɗa a nan ya shafe ta.

Aiki biyu robar take yi. Tana shanye girgizar inji don kada man da ke cikin kofin kafireto ya riƙa kumfa, awon mai ya rikice. Tana kuma tare zafi. A injin Golf, manifol ɗin shigar iska da na salansa duk gefe ɗaya suke, ta baya wajen bangon da ya raba inji da direba, na iska a sama, na salansa a ƙasa. Zafi kai tsaye yake tasowa. Robar ce ke rage abin da zai isa kofi ya tafasa mai, amma ita ce kuma ke gasuwa. Shekara da shekaru tana bushewa har ta yi tauri, daga nan ta tsage a wuya, ko ta saki ƙarfen da aka manna ta a jikinsa. Gurɓataccen mai yana ƙara mata saurin tsufa. Sinadarin metanol, irin wanda aka samu ya yi yawa a man da ya shigo Nijeriya a Fabrairun 2022, cin roba yake yi.

Sai an fahimci abu ɗaya kafin sauran bayani ya zauna. Inji yana son kimanin kashi 14.7 na iska ga kashi 1 na fetur, a awon nauyi. Shi kafireto yana sakin mai ne gwargwadon iskar da ta bi ta maƙogwaronsa. Wadda ta shiga ta tsagar roba ta ƙasa ta bi, bai san da ita ba, bai ba ta rabonta na mai ba. A lokacin silo bakin totur kusan a rufe yake, zuƙar da ke cikin manifol ta yi ƙarfi, iskar da inji ke buƙata kuma 'yar kaɗan ce, sai ƙaramar tsaga ta isa ta rinjayi awo. A kan babban titi kuwa totur a buɗe yake, iskar da ta bi hanya ta yi yawa, ta ɓarauniyar hanya ba ta taka kara ta karya ba. Shi ya sa direba zai rantse motarsa ta zo lafiya tun daga Zariya, amma tana shiga cunkoson Unguwa Uku sai ta fara mutuwa.

Mutuwa a cunkoso ƙaramar matsala ce in aka kwatanta da ƙura. Iskar tsaga ba ta bi ta matacin iska ba. A lokacin hunturu, ko a hanyar ƙauye, ƙurar nan kai tsaye take zuwa cikin silinda tana cin ringi. Roba mai araha da aka ƙi canzawa takan kai mai mota ga sauke inji.

Kayan aiki

Ba su da yawa. Sifana da soket masu lamba 10 da 13, alanki, sukudireba mai faɗi da mai tauraro, da filaya. Sai tocila da ƙaramin madubi, domin bayan robar ba ya ganuwa daga inda bakanike ke tsaye. Guntun tiyo kamar rabin mita, gorar ruwa mai feshi, tsumma mai tsabta wanda ba ya zubar da zare, rula ta ƙarfe, tef da biro, da wayar hannu don ɗaukar hoto. In gareji yana da agogon auna zuƙa da sifana mai auna ƙarfin ɗauri, a fito da su. Tukunyar kashe gobara, ko aƙalla bokitin yashi, ta kasance inda hannu zai kai gare ta tun kafin a buɗe bonet.

Mataki na 1: A saurari direba, a duba fulogi

Rabin ganewar yana bakin direba, in an iya tambaya. "Malam, yaushe take mutuwa, da sanyin safiya ko bayan ta ɗau zafi? In ka taka birki da ƙarfi fa, ko ka sha kwana?" Ciwon roba yakan zo ya tafi, saboda duk lokacin da inji ya karkata tsagar tana buɗewa, in ya dawo ta rufe. Jet da ya toshe ba ya haka. In ya toshe ya toshe. Sauran alamomin su ne silo mai hawa da sauka, shaƙewa lokacin tashi daga tsaye, tari ta bakin kafireto, da inji mai ɗaukar zafi fiye da yadda ya saba. In direba ya ce an sha ƙara mata silo amma abin ba ya daɗewa, to zargi ya ƙara ƙarfi.

Sai a cire fulogi huɗun a jera su bisa tsarin silindarsu. In duka sun yi fari kamar toka, mai ya yi wa inji kaɗan gaba ɗaya, kuma hakan yana nuna wurin da silinda huɗun suka yi tarayya, wato robar. In ɗaya ko biyu ne kawai suka yi fari, a fi zargin gasket ɗin da ke tsakanin manifol da kan inji. Baƙin fulogi kuwa bai wanke robar ba, domin mai yiwuwa wani bakanike ya riga ya buɗe sukurun mai ya rufa wa tsagar asiri.

Mataki na 2: A gwada robar

Da inji a sanyaye ake farawa. A cire murfin iska da ke kan kafireto, a haska tocila, a zagaya robar da madubi, musamman bayanta da ke kallon salansa, nan ne ta fi gasuwa. Ana neman tsaga, kumburi, ko damshin mai. Rashin ganin komai bai isa hujja ba, don tsagar takan ɓuya a cikin lanƙwasa.

Daga nan a ja birkin hannu, a sa giya a firi, a tayar da mota a fili inda hayaƙi ba zai taru ba. Mai riga mai faɗin hannu ya naɗe ta. Fankar lagireton Golf ta lantarki ce, tana tashi da kanta ba sallama, don haka kada hannu ko tsumma ya kusance ta.

Gwajin da ya fi sauƙi kuma ya fi faɗin gaskiya shi ne na girgizawa. Bakanike ya kama kafireto da hannu biyu, ya tura shi a hankali gaba da baya, sannan hagu da dama. Lafiyayyar roba za ta ɗan ba da kai ta dawo, muryar inji ba za ta canza ba. Matacciya kuwa, da an tura sai inji ya shaƙe ko ya zabura, wani lokaci ya mutu nan take, kuma mai riƙe da tocila zai ga bakin tsagar ya buɗe baƙi ƙirin, ya sake rufewa da aka saki. A nan masu koyo sukan wuce gona da iri, su jijjiga kafireto da ƙarfin tsiya har su yaga robar da take da sauran kwana. Turi kaɗan ya isa.

In ba a gamsu ba, a ɗauki guntun tiyo, baki ɗaya a kunne, ɗayan a riƙa bin gefen robar da shi. Inda iska ke shiga za a ji wani siririn shiii da ya bambanta da ƙarar inji.

Sai feshi. A fesa ruwa kaɗan-kaɗan a kewayen robar, gefe ɗaya bayan ɗaya. In an zo kan tsaga, inji zai zuƙi ruwan, muryarsa ta canza na ɗan lokaci. Ruwa ake cewa, ba fetur ba. Ana ganin masu tsiyaya fetur a wurin don su ji ko inji zai zabura, alhali manifol ɗin salansa mai zafin ɗaruruwan digiri yana ƙasa daidai inda man zai ɗiga. Maganin wanke kafireto na gwangwani ma yana kama wuta. Wanda zai yi amfani da shi ya yi kafin inji ya yi zafi, fesawa ɗaya gajeriya, da wani tsaye riƙe da abin kashe gobara. Tun da an zo maganar, al'adar nan ta guntsar fetur a baki a fesa cikin kafireto ta isa haka. Ɗigo kaɗan da ya faɗa huhu yana iya kwantar da mutum, kuma in kafireto ya yi tari a lokacin, wutar fuska za ta nufa.

Akwai kuma gwajin rage iska. A ɗan rufe rabin bakin kafireto da kwali mai kauri, fuska a gefe. Injin da awonsa yake daidai zai shaƙe. Wanda iska ta yi masa yawa kuwa, silonsa zai ɗaga ya daidaita, saboda an rage masa ta sama ta yi daidai da wadda yake sata ta ƙasa.

Mai agogon auna zuƙa ya jona shi a manifol. Lafiyayyen inji a silo yakan nuna inci 17 zuwa 21, allura a tsaye. Wanda ke shan iska zai nuna ƙasa da haka. Sai dai a yi la'akari da tudu: kowace mita 300 da aka hau tana rage kimanin inci 1, don haka lafiyayyen inji a Jos, mai tsayin kusan mita 1,200, zai nuna ƙasa da na Legas da kusan inci 4.

Mataki na 3: A wanke sauran waɗanda ake zargi

Ba roba kaɗai ke shigar da iska ba. Babban tiyon da ya tashi daga manifol zuwa tukunyar birki yana tsagewa, ita ma tukunyar takan huje daga ciki. A cire tiyon a toshe bakin da ke manifol da yatsa, in silo ya gyaru to can ciwon yake. Kafireton 2E2 yana da ƙananan tiyo da yawa, kowanne a bi shi daga tushe zuwa ƙarshe. A kama sandar totur a motsa ta sama da ƙasa, in tana wasa sosai to ta ci gidanta, iska na bi ta nan. A tsohuwar mota ba abin mamaki ba ne a tarar da ɓaraka biyu ko uku a lokaci guda, kuma wanda ya canza roba ya bar tsagaggen tiyo, direba zai ce aikinsa ne bai yi ba.

Mataki na 4: Sayen sabuwa

A tafi kasuwa da tsohuwar a hannu. Robobin suna kama da juna a ido, amma ramin tsakiya da tazarar noti sun bambanta tsakanin ta 2E2, ta ƙananan kafireto masu maƙogwaro ɗaya, da ta injektar Golf 3. A ɗora sabuwa kan tsohuwa a ga kowane rami ya faɗa kan ɗan'uwansa.

A nan ne ya kamata a saɓa wa al'ada. Kayan Beljiyam suna da amfani a wurare da yawa, amma ba a roba ba: wadda aka ciro daga injin da aka ƙera kafin 1992 sa'ar wadda ta mutu ce. Sabuwa ake so. Kamfanoni irin su Febi da Topran da Meyle suna yin ta, sai dai kwali ba shaida ba ne, ana buga na jabu. A lanƙwasa ta da hannu a gaban mai shago. Mai kyau tana da laushi da nauyi, tana dawowa daidai, ba ta nuna ƙananan tsaga, kuma inda roba ta haɗu da ƙarfe ba ya ɗagowa in an sa farce. A gwada notin kafireto a raminta tun a can, a ga yana shiga da hannu.

Maganar faci kuwa, wanda dare ya yi masa a daji ya naɗe robar da tsohon tib don ya kai gari, ba a ga laifinsa ba. Amma bakaniken da ya shafa gam ko aradait a gareji ya karɓi kuɗin gyara, ya ci amanar direba. Roba tana motsi, gam ba ya motsi. Da an hau gargada zai ɓalle, gutsattsarinsa su bi iska zuwa kan bawul.

Mataki na 5: Kwancewa

A bar inji ya huce sarai. A cire kan batir na nagatif, saboda tartsatsi da kuma fankar da ke iya tashi ko da makulli yana aljihu. Ba sigari, ba mai walda a kusa.

Kafin a taɓa komai a ɗauki hoto ta kowane gefe, kuma duk tiyon da za a cire a manna masa tef da lamba, a sa irin lambar inda ya fito. Wanda ya taɓa mayar da tiyon 2E2 da ka, ya san minti biyar ɗin nan ba asara ba ne: biyu kacal suka sauya wuri, silo ba zai sake zama ba.

A cire wayar totur, a zare filogin lantarki, a kwance tiyon mai da tsumma a ƙasa, a toshe bakinsa. Cok ɗin 2E2 da ruwan lagireto yake aiki, don haka akwai tiyon ruwa a jikinsa. Sau da yawa ba sai an cire su ba, ana iya ɗaga kafireto a jingine shi gefe da su a jiki. In dole ne, a fara buɗe murfin tankin ruwa a hankali don iska ta fita. Za a kuma ga wata siririyar waya da ta haɗa jikin kafireto da jikin inji. A lura da ita da kyau, maganarta na zuwa.

Dogayen noti uku ne suka ratsa kafireton daga sama suka shiga robar. A sassauta su bi da bi, a ɗaga kafireto a miƙe, a ajiye shi a tsaye, domin kofinsa cike yake da mai. Da ramin manifol ya bayyana, kafin a ɗauki wata sifana, a cusa masa tsumma. Washa ɗaya da ta suɓuce ta faɗa ciki ba za ta tsaya ko'ina ba sai kan fistin, kuma aikin awa ɗaya ya koma na buɗe kan inji. Sannan a kwance notin da suka riƙe robar a manifol, galibi guda huɗu. Wanda ya cije a jiƙa shi da mai a ba shi lokaci. Manifol ɗin alminiyam ne, ba ya jure fushi.

Mataki na 6: Sharewa da ɗaura sabuwa

Fuskar manifol sai ta yi fes. A kankare dattin da abu mai laushi, kamar guntun roba mai tauri ko katako, ba da bakin sukudireba ba, don kowane ƙarzo hanyar iska ce sabuwa. A riƙa sharowa waje, ba wajen rami ba. A ɗora rula ta ƙarfe a tsaye kan fuskar, a haska tocila ta baya, a yi haka ma ga ƙasan kafireto. In haske yana ratsowa sosai, ƙarfen ya lanƙwashe, kuma sabuwar roba ba lallai ta rufe shi ba.

Wannan awo ya fi muhimmanci ga masu gyaran Peugeot 504 da 505, irin waɗanda aka riƙa haɗawa a Kaduna. Kafireton Solex ɗinsu ba kan roba mai laushi yake zaune ba, kan faranti mai tauri ne da gasket. A can abin da ke faruwa shi ne gasket ya ƙone, faranti ya tsage, ko kunnuwan kafireto su lanƙwashe saboda yawan ɗauri. Gwajin girgizawa ba ya nuna komai sosai a kansu sai in noti sun saki, amma na ruwa da na tiyo suna aiki daidai.

A koma kan Golf. Wasu robobin suna da zoben roba a ƙasa, wasu gasket; duk abin da aka tarar, sabonsa ake mayarwa. Ba a shafa gam ɗin silikon, fetur yana kumbura shi ya narkar da shi. A ɗora robar ta fuskanci inda tsohuwar ta fuskanta, hoton waya zai nuna. A shigar da kowane noti da hannu tukuna, sannan a ɗaure su a giciye, wannan kusurwa sai wadda ke kallonta, a zagaye biyu ko uku, don robar ta kwanta daidai ba ta karkace ba.

Kuskuren da ya fi yawa a nan shi ne ƙarfi. Notin ƙanana ne, masu kaurin milimita 6, kuma irinsu ba sa buƙatar abin da ya wuce kimanin Nm 10. Wanda ba shi da sifana mai awo ya riƙe ƙaramar sifana kusa da kanta, ya ɗaure da wuyan hannu, ba da kafaɗa ba. Yaro yakan ɗauka ƙarin ɗauri ƙarin toshewa ne. A gaskiya yana murƙushe robar ne, ko ya cinye zaren alminiyam, sabon aiki ya taso.

Mataki na 7: Mayar da kafireto

A cire tsumman, a leƙa ramin da tocila a tabbatar ba abin da ya saura. A ɗora kafireto, a sa dogayen notinsa na asali. Wanda ya fi su tsawo zai tokare ya ɗaga ƙarfen cikin robar. Ɗaurinsu ma bai kai na ƙasan ƙarfi ba.

Yanzu maganar siririyar wayar nan. Roba ba ta wuce da wuta, ke nan kafireton da ke zaune a kanta a yanke yake daga jikin inji. Wannan waya ce at ɗinsa. In aka manta da ita, kayan lantarkin da ke jikin kafireto ba za su yi aiki yadda ya kamata ba, mota ta ci gaba da ƙin silo, bakanike ya koma zargin sabuwar robar da ba ta da laifi. A goge bakinta ya yi haske, a ɗaure.

A mayar da kowane tiyo bisa lambarsa, wanda ya bushe a canza shi. A jona wayar totur, a sa wani ya taka feda har ƙasa a ga totur ya buɗe duka ya kuma dawo da kansa. A bar wa wayar ɗan sako-sako. In ta yi tsauri, duk motsin inji jan kafireto take yi, robar ce ke biya.

Mataki na 8: Tayarwa da saiti

A mayar da batir. Famfon man wannan inji da juyawar inji yake aiki, don haka za ta ɗan ja kafin kofi ya cika. Tana tashi a fara duba yoyon mai, sannan na ruwa. A bar ta ta ɗau zafi har fanka ta tashi ta tsaya, a maimaita gwajin girgizawa da na ruwa.

Kada a yi mamaki in yanzu silo ya yi sama, ko salansa tana warin ɗanyen mai. Duk wanda ya taɓa motar a baya ya ƙara mata mai da silo don ta jure wa tsagar, kuma yanzu tsagar babu. In aka sallami direba haka, shan mai zai ƙaru, shi kuma tun da aka cire tallafin mai a Mayun 2023 kowace lita lissafinta yake yi. A fara tabbatar da taimin, sannan a shigar da sukurun mai a hankali har inji ya fara rawa, a dawo da shi baya zuwa inda muryarsa ta fi santsi. Silo ya zauna tsakanin juyi 750 da 950 a minti, gwargwadon samfurin inji. A 2E2 da ba a yi wa gyare-gyare ba, abin daidaita silo yana jikin gwangwanin iskar da ke tura totur, ba inda mai gyaran Solex ya saba nema ba, kuma sukurun da kamfani ya rufe da hula ko fenti a bar su yadda suke.

Abin da ya kashe tsohuwar

In ba a nemo shi ba, zai kashe sabuwar. Golf 2 tana da injin sit uku, ɗaya a gaba, ɗaya a baya, ɗaya a giyabos. A ja birkin hannu, a taka birki, a sa giya ɗaya, a ɗan saki kuloci yayin da wani ke kallo daga gefe, ba daga gaba ba. Injin da ya yi tsalle sit ɗinsa ya mutu, kuma duk wannan tsalle a wuyan robar yake ƙarewa. A duba murfin iska da bututunsa, kada su zama suna rataye da nauyinsu kan kafireto. A kuma hana yara dafa kafireto in suna miƙa hannu bayan inji.

A ce wa direba ya dawo bayan mako guda. A sake taɓa notin da inji a sanyaye, a cire fulogi a ga sun koma ruwan ƙasa-ƙasa. In motar ta daɗe tana shan ƙura ta tsagar, tana iya zama da shuɗin hayaƙi da cin baƙin mai ko bayan silo ya gyaru. Wannan aikin ringi ne, kuma gara a faɗa wa mai mota tun ranar da aka ga tsagar, a auna ƙarfin matsin kowace silinda a gabansa, ya san abin da ke jiransa.